Malama Ban-Sani-Ba da Rijiyar Yayata

Kullum da safe, tun masu shara ba su gama da barandar kwalejin ba, za ka ji ƙarar sandarta a kan matakala. Gwiwarta ta hagu ta daɗe da yi mata tawaye, ga shi ofishinta a sama yake, can ƙarshen lungu, kusa da ɗakin da ake jibge karyayyun kujeru. Tana shiga sai ta buɗe taga, ta jona butar shayi, ta wuce aji ta goge allo da kanta ko da an riga an goge. Sannan ta ɗauki alli ta yi ɗigo-ɗigo, nan ɗaya can ɗaya, kamar an watsa wa kaji tsaba. Ɗalibin da ya fara shigowa shi ke shan tambaya. Za ta ɗora yatsa a wani fili tsakanin ɗigon, ta ce, "Me ke ƙarƙashin nan?" In ya yi azarɓaɓi ya ba da amsa, ranar ya shiga uku. Abin da take son ji shi ne, "Ban sani ba, Malama, amma zan iya kintata, kuma zan iya faɗa miki iya inda shakkata ta kai." Daga nan ɗalibai suka raɗa mata Malama Ban-Sani-Ba, sunan ya bi ta har ya danne na yanka.

Makon jiya ta miƙa makullan ofis, ta yi ritaya. Na je taron sallamar da sabon ɗinki, ina zaton sai na yi kokawa kafin in sami kujera. Abin da na tarar ya sa har yau raina bai kwanta ba. Wani ɗan ɗaki ne, kujeru rabinsu babu kowa, lemon kwalba a kan tebur, shugaban sashe kuma yana karanta jawabin da da jin sa ka san na wani ne aka sauya suna. Na zauna ina duban mutane ina cewa a raina, wai su waɗannan sun san wadda suke sallama kuwa? Haushin nan ne ya sa na ɗauki alƙalami.

Bari in fara da abin da take koyarwa, don ni ma da farko ban gane ba. Ba wanda zai iya tona ƙasa duka ya ga abin da ke cikinta. Sai dai a ɗebi samfuri a nan, a ɗeba a can, a kai ɗakin gwaji a auna. To wuraren da ba a ɗeba ba fa? Akwai lissafin da ake yi a kintaci abin da ke can, bisa dogaro da cewa wuraren da ke kusa da juna sun fi yin kama da juna. Da shi masu haƙar ma'adinai ke aiki, da masu neman ruwa, da masu bin sawun guba a ƙasa. Wannan lissafin ta koyar tun tana da ƙuruciya har furfura ta cinye mata kai. Da ta ga littattafan da ake da su duk misalansu na ramukan zinariya ne a ƙasashen da ɗalibanta ba su taɓa gani ba, sai ta zauna ta rubuta nata, da misalan rijiya da gona da juji.

Ta wannan littafin na san ta. Ni mai duban kurakurai ne a wata ƙaramar maɗaba'a, aikina in bi rubutun mutane da jan biro in ɓata musu rai. Na duba labaran soyayya, na duba kalanda, na duba littafin koyon ɗinki, amma ban taɓa haɗuwa da abin da ya sa ni ciwon kai irin nata ba. Ɗalibai Bulo suke ce masa saboda nauyi. Kuma akwai wata doka a cikinsa da ba ta taɓa sassautawa: kowace taswira sai da 'yar uwarta a shafin da ke kallonta. Ta hagu mai launi ce, ja inda ake zaton abu ya yi yawa, kore inda ake zaton ya yi kaɗan. Ta dama kuwa ruwan toka ce, tana nuna iya yardar da za ka yi da ta hagun. Kusa da inda aka auna da gaske tana da haske, nesa da nan kuma sai ta yi duhu, alamar cewa launin da ka gani a can kintace ne kawai.

Maigidanmu na maɗaba'a bai taɓa ƙaunar masu ruwan tokar nan ba. Ina zaune wata rana ya ce mata, "Malama, waɗannan fa kamar an zubar da toka a takarda ne. A cire su mana, littafin ya rage ƙiba, yara su iya ɗauka."

Ta dube shi ta saman tabarau ta ce, "Maigida, in takarda ce ta yi maka kaɗan, ka cire hotona na bangon baya. Ka cire shafin godiya. Sunana ma in ka ga dama ka cire. Waɗannan kam tare suke tafiya."

Shi kuwa mutumin kirki, bai yi ƙasa a gwiwa ba, ya cire hoton. Shi ya sa akwai injiniyoyi da yawa da suka ci abinci da Bulo amma in suka haɗu da ita a kasuwa ba za su san ta ba. Da na yi mata ƙorafi, dariya ta yi ta ce ai dama hoton bai yi kyau ba.

Duk wannan ina kallonsa ne a matsayin taurin kan masu ilimi, har sai da abin ya zo ƙofar gidanmu.

Ina da yaya mace, ita ta goye ni, har yau da furfurata Auta take ce mini. Gidanta yana bayan gari, sai ka tsallake wani kwazazzabo kafin ka isa. A tsakar gidan akwai rijiyar da marigayi mijinta, wanda take kira Malam, ya haƙa da hannunsa lokacin da suka tare. Yaya ba ta haɗa ruwan rijiyar nan da komai. In ka je gaishe ta, kafin ka gama cire takalmi ta miƙo maka kofi, tana jiran ka yaba. Tana riƙon jikarta, 'yar ɗanta, wadda muke kira Aku saboda surutu. Yarinyar nan takan ba ka labarin abin da ya faru a gabanka, ta ƙara masa gishiri, in ka musa ta kira shaida.

A wannan gefen kwazazzabon, ta ɓangaren titi, akwai wani tsohon fili da aka daɗe ana fasa baturan mota ana narka dalmar ciki. An rufe shi bayan yaran da ke kewaye sun fara rashin lafiya. Ofishin da ke kula da ruwa ya tura ma'aikata suka ɗebi ruwan rijiyoyi, aka fito da taswira aka rarraba wa mutane. Kewayen filin ja wur, aka rufe rijiyoyin nan. Hayin kwazazzabo kuwa, wajen su Yaya, kore shar. Yaya ta liƙa takardar a bango kusa da kalanda, duk wanda ya shigo sai ta nuna masa ta ce, "Ka gani? Har hukuma ta shaida aikin Malam."

A daidai lokacin Aku ta fara sauyawa. Surutu ya ragu, abinci sai an yi da gaske, yau ciwon ciki gobe ciwon kai. Malamarsu ta aiko cewa abin da aka koya mata da safe kafin a tashi ta manta. Muka ce tsutsar ciki ce, aka ba ta magani. Muka ce kewar uwarta ce. Ba wanda ya kalli rijiya, don ga takarda nan a bango tana cewa kore.

Ran nan Malama ta zo maɗaba'a duba gyaran sabon bugu. Ina da kwafin taswirar a aljihu, kuma na ga sunan da ke ƙasanta na wani tsohon ɗalibinta ne da ake kira Injiniya, wanda takan yaba da shi. Sai na shimfiɗa mata a tebur da fara'ata na ce, "Malama, ga aikin 'ya'yanki. Nan gidan yayata yake, kin ga mun tsira."

Ba ta yi murmushi ba. Ta juya takardar ta duba bayanta, ba komai. Ta ce, "Ina 'yar uwarta?"

Na ce ita kaɗai aka raba.

Ta gyara tabarau, ta fara bin wasu ƙananan baƙaƙen ɗigo da yatsa, waɗanda ni mai duban kurakurai ban ma lura da su ba. Ta ce kowane ɗigo rijiya ce da aka auna. Na bi yatsanta da ido. Ɗigon sun kewaye filin baturan, sannan suka jeru reras a bakin titi, har ƙarshen takarda. A hayin kwazazzabo babu ko ɗaya.

"Ka ga," in ji ta, "wannan lissafin in ya yi nisa da inda aka auna, ba ya da abin kamawa, sai ya koma kan matsakaicin abin da aka ba shi. Rijiyoyin bakin titi masu nisa yawancinsu lafiya lau suke, don haka matsakaicin ya zo ƙasa, kwamfuta ta shafa wa can kore. Wannan koren ba yana nufin an duba an ga lafiya ba. Yana nufin ba wanda ya je."

Wallahi na daɗe ina gyara waƙafi da aya a shafukan da ke faɗin wannan magana, ban taɓa kawo wa raina cewa wata rana da gidanmu suke ba. Na ce, "To Malama, akwai guba ke nan a ruwan Yaya?"

Ta ce, "Ban sani ba. Akwai yara a gidan?"

Na ba ta labarin Aku. Ban kai ƙarshe ba ta ciro waya.

Injiniya ya iso maɗaba'ar kafin mu gama shan shayi. Mutum ne cikakke, mai mota da muƙami, amma da ya shigo har ƙasa ya durƙusa ya gaishe ta. Ta tura masa takardar. Ya kalla, ya sunkuyar da kai. Ya ce da damina suka yi aikin, kwazazzabon ya cika, mota ba ta iya tsallakawa, ga wa'adin miƙa rahoto ya matso. Ya ce ya yi mai ruwan tokar, tana cikin babban rahoto, kuma hayin nan baƙi ƙirin ya fito a cikinta. Amma da aka zo buga takardar da za a raba wa jama'a, sai aka ce taswira biyu za su rikita mutane, a bar mai launin kawai.

"Kai kuma ka ce me?" in ji Malama.

Ya ce, "Ban ce komai ba, Malama."

Na zaci za ta balbale shi da faɗa. Ba ta ɗaga murya ba. Cewa ta yi, "Kana da kwalaben ɗibar samfuri a mota? To gobe da safe ka zo ka ɗauke ni. Inda mota ta tsaya sai mu sauka."

Da idona na ga matar nan ta gangara kwazazzabon. Ruwa ya janye amma gangaren da santsi, ga duwatsu, ga ƙaya. Injiniya ya roƙe ta ta zauna a mota ya je ya ɗebo, ta ce ai ta ga abin da zaman mota ya haifar. Sanda a hannu ɗaya, ɗayan a kafaɗata, tana taku ɗaya tana cije leɓe. Da muka hau hayin sai da ta zauna a kan wani kututture ta huta, zufa na ɗiga daga haɓarta. Ni da nake da ƙafa biyu lafiyayyu kunya ta hana ni yin haki.

Yaya ta tarbe mu hannu biyu, ta shimfiɗa tabarma, ta nufi randa. Da na faɗa mata abin da ya kawo mu, fuskarta ta sauya nan take.

"Auta, kai ne ka kwaso mini mutane su zo su ce rijiyar Malam guba ce? Ruwan da na yi wankan jegon ubanta da shi?" Ta nuna Aku, wadda ke rakuɓe a bakin ƙofar ɗaki da kofi a hannu, ko gaisuwa ba ta yi ba. Yaya ta zura guga ta jawo, ta ɗaga ruwan a rana, garau da shi kamar hawaye. Ta kafa kai ta sha a gabanmu, ta goge baki ta ce, "To ga ni nan, in faɗi mu gani."

Malama ta ce, "Yaya, ban ce ruwanki da guba ba. Ban sani ba. Wanda ya buga takardar can ta bango ma bai sani ba."

"To baiwar Allah, in ba ki sani ba me ya kawo ki?"

"Shi ya kawo ni."

Yaya ta yi tsaki ta juya mana baya. Na tabbata tafiyar ta tashi a banza. Sai na ji Malama ta sauya magana, kamar ta manta da abin da ya kawo ta. Ta leƙa rijiyar ta yaba ginin bakinta, ta ce ba ta taɓa ganin ruwa kusa haka a tudu ba, ta tambaya yaya aka yi marigayi ya san a nan zai haƙa. Daga baya na gane ba dabarar lallashi ba ce, haka take koya wa ɗalibanta: kafin ka ɗebi samfuri, ka tambayi tsofaffin wuri yadda ƙasar take tun ba a yi gini ba.

Wannan tambaya ta sosa wa Yaya inda ke mata ƙaiƙayi. Ta juyo, ta gyara zama, ta fara. Ta ce ai Malam ba a banza ya zaɓi nan ba. Lokacin da suka zo duk wajen nan saura ce, kuma akwai wata tsohuwar hanyar ruwa mai yashi da ta ratsa ta nan, daga baya aka cike ta aka yi gidaje a kai. Malam ya ce ruwa ba ya manta hanyarsa, ya haƙa a tsakiyarta, bai yi nisa ba ya tarar da ruwa. Maƙwabta da suka gani sai suka yi ta binsa, kowa ya haƙa a kan layin, shi ya sa rijiyoyinsu ba sa ƙafewa ko da rani.

Malama ta ce a hankali, "Daga ina hanyar ruwan ta taso, Yaya?"

Yaya ta ɗaga hannu da alfahari tana nuni. "Daga can saman kwazazzabo mana, ta bayan filin masu..."

Ba ta ƙarasa ba. Hannun ya tsaya a sama. Na ga Injiniya ya dafe kai. Yaya ta sauke hannu, ta tashi, ta taka har bakin ƙofar ɗaki, ta zare kofin daga hannun Aku ta kifar da ruwan a ƙasa. Ban taɓa ganin tsoro a fuskar yayata irin na ranar ba.

Malama ba ta tsaya jaje ba. Ta sa Yaya ta nuna mata gidajen da ke kan layin, ta ce wa Injiniya za su ɗeba a kan layin, su kuma ɗeba a gefe da gefensa, don a san iya faɗin abin in akwai shi. Gida-gida ta bi da sandarta, tana sallama, tana bayani, wasu su tarbe ta wasu su yi mata kallon mahaukaciya. A kowane gida abu ɗaya take faɗa: ba ta sani ba tukuna, amma kafin sakamako ya fito a nema wa yara wani ruwan. Wata mata ta ce mata, "Ke kuwa wace irin malama ce, komai ba ki sani ba?" Ta ce, "Irin wadda ke zuwa ta duba."

Sakamakon ya fito, kuma ya fi abin da muke tsoro. Rijiyoyin da ke gefe lafiyarsu ƙalau. Waɗanda ke kan tsohuwar hanyar ruwan kuwa, tun daga ta Yaya har ƙasa, dalma ce a ciki fiye da abin da jikin yaro zai iya ɗauka. Aka kai Aku asibiti tare da sauran yaran layin, aka auna jininsu, aka same ta a jikinta. Ina riƙe da takardar likita ina karantawa ina sake karantawa, ina neman kuskure kamar yadda na saba, ban samu ba.

Malama ta zo asibitin, ko da yake ba wanda ya kira ta. A baranda Yaya ta kama hannunta ta ce, "Malama, don girman Allah ki faɗa mini. Za ta dawo yadda take?"

Duk wanda ya zo dubiya cewa yake ba komai, za ta warware, yara ai ba su da wuya. Na ƙura wa Malama ido ina roƙonta a zuci ta faɗi haka ita ma, ko sau ɗaya a rayuwarta. Idonta ya ciko, ta riƙe hannun Yaya da hannu biyu ta ce, "Ban sani ba, Yaya. Ni ba likita ba ce. Abin da na sani shi ne daga yau ba za ta ƙara shan ko ɗigo ba, kuma likitoci sun ce wannan ne farkon magani."

A lokacin na ji haushinta, ba zan ɓoye ba. Amma daga baya Yaya ta ce mini, "Auta, duk cikin mutanen nan ita kaɗai na yarda da ita. In ta ce ta sani, to ta sani."

Injiniya ya koma ofis ya tsaya kai da fata, wannan karon bai yi shiru ba. Aka sake buga takarda, taswira biyu suna kallon juna, da bayani a ƙasa cikin harshen da kowa zai gane. Mutane kuwa ba su rikice ba. Na ga wani tsoho mai gyaran keke ya ɗora yatsa a inda tokar ta yi duhu yana cewa, "To nan ma a zo a duba mana." Aka jawo famfo zuwa hayin, aka rufe rijiyoyin layin da siminti. Ranar da aka rufe ta Yaya, ta roƙi magini ya bar ginin bakin yadda Malam ya yi shi, sannan ta shige ɗaki ba ta fito ba har aka gama.

Malama, ke ce wadda ta gangara kwazazzabo da gwiwa ɗaya don yarinyar da ba ki haifa ba, ba ki ma taɓa gani ba. Ke ce kika yarda a cire hotonki a bar taswirar shakka. Mai alli da sanda, uwar masu auna ƙasa. Abin da ke ba ni mamaki, har ya hana ni sukuni, shi ne tunanin cewa da a ce ranar nan ba ki zo duba gyara ba, ko da a ce kin ji kunyata kin ce madalla, da yanzu takardar tana nan a bango kusa da kalanda, Aku kuma tana sha. Kuma ba wanda ya yi ƙarya a cikin maganar nan, ba wanda ya yi nufin cuta. Mota ce ta tsaya a bakin kwazazzabo, aka cire shafi ɗaya don kada a wahalar da mutane.

Ku da kuka karanta Bulo kuka ci jarrabawa kuka sami kujera, da ku nake. In aka ce ku cire mai ruwan tokar, ku tuna akwai tsohuwar da za ta liƙa aikinku a bangon ɗakinta ta dogara da shi. Mu kuma da ba mu san lissafin ba, likitanmu da malaminmu da makanikenmu, har da mu masu jan biro, mu koyi faɗin iyakar saninmu da bakinmu, sannan mu tashi mu je mu duba. In an miƙo maka taswira mai kyan launi, ka juya bayanta, ka tambayi inda aka auna.

Na ce muku taron sallamar ya ɓata mini rai, amma ban faɗa muku yadda ya ƙare ba. Ana tsakiyar jawabi sai ga Yaya ta shigo, ta tsallako kwazazzabo da ƙafa, tana riƙe da hannun Aku. Ba wanda ya san su, aka nuna musu kujerun baya. Aku tana shan magani har yanzu, karatu yana yi mata nauyi, kuma likitoci ba su yi mana alƙawarin komai ba. Ta daɗe ba ta haɗa jimla uku a jere ba. Suna zama sai ta hango sandar Malama a jingine da tebur. Can ƙasa-ƙasa na ji ta fara ba Yaya labari: wai wannan ce matar da ta zo gidansu, wai da sandar nan ta kori zakaran maƙwabta, wai zakaran ya yi tsalle ya faɗa cikin kwandon wanke-wanke, in Yaya ba ta yarda ba a tambayi Kaka Auta. Ba a yi haka ba ko kaɗan, ina wurin. Muryar tana ta ƙara sama, shugaban sashe ya dakata ya ɗago kai, mutane suka fara waiwaye. Kunya ta kama Yaya, ta kai hannu za ta toshe mata baki.

Daga can gaba Malama ta ɗaga hannu. Ta ce, "Yaya, don Allah ƙyale ta. Ƙyale ta ta ƙarasa."

Aka ajiye jawabi, Aku ta kai labarin zakara har ƙarshe, ta kira ni shaida, na ce ƙwarai haka aka yi.

Mun gode, Malama. Allah ya ba gwiwar nan lafiya, ya sa ki huta, ya ba ɗalibanki zuciyar sauka daga mota.